Aikin bayan ido a wani asibitin kuɗi a Kano: hannun likitan ya yi, tsarin wajen ne da sauran gyara

In aka tambaye ni ko zan tura wani wannan asibitin, eh zan tura shi, musamman in matsalar ta bayan ido ce wato retina, amma sai na zaunar da shi tukuna na gaya masa abubuwan da ba za a gaya masa a wajen yankar kati ba. Asibitin kuɗi ne a nan cikin Kano, ba ya cikin manyan nan da kowa ya sani irin su ECWA ko Makkah, ƙarami ne, kuma ba zan kama sunansa ba tunda akwai ƙorafi a cikin maganata. Babanmu aka yi wa aiki a can kuma ni na yi ta zirga-zirga da shi tun daga farko har yau ɗin nan da muke ci gaba da zuwa, don haka abin da na gani da idona zan faɗa.

Baba tsohon malamin sakandare ne, kimiyya ya koyar har ya yi ritaya, ya daɗe da ciwon suga, kuma an taɓa cire masa yana a idon hagu aka sa masa gilashin nan na ciki. Abin ya faro ne da ya ce yana ganin ƙudaje baƙaƙe suna yawo a gabansa ko ina ya juya suna binsa, sai kuma walƙiya ta gefen ido in ya shiga ɗaki mai duhu, ba ciwo ba ja ba kwantsa, idon fes in ka kalle shi. Wannan rashin ciwon shi ke cutar mutane wallahi, don mu a nan in abu bai yi ciwo ba ba a ɗauke shi cuta ba. Da ya ce wani baƙin labule na tasowa daga ƙasan idon yana cinye masa gani sai muka kai shi wajen likitan ido na kusa da mu, shi kuma yana ɗiga maganin buɗe ido ya leƙa ya ce wannan ba nasa ba ne, retina ce ta ɓalle, mu nemi masu aikin bayan ido yau ba gobe ba. Ya ba mu zaɓi ko mu kama hanyar Kaduna zuwa babbar cibiyar ido ta ƙasa, ko wannan asibitin da ke da likitan retina a nan gida. Saboda jikin Baba da sugansa da kuma sanin cewa za a yi ta komawa bayan aiki muka zaɓi na kusa.

Zan fara da abin da ya fi burge ni, likitan. Mutum ne da ba ya gaggawa in ka riga ka shiga ofishinsa, kuma da Hausa ya yi wa Baba bayani daga farko har ƙarshe, bai tsaya yana jefo mana Turancin asibiti ba. Ya kwantar da kujerar, ya ɗaura wata fitila a goshinsa, ya riƙe wani gilashi mai kauri a hannu, "Baba ku kalli sama, ku kalli dama, ku kalli ƙasa ta wajen ƙafarku", yana yi yana danna gefen fatar ido da wani ɗan ƙarfe a hankali, ya jima sosai a haka har sai da ya ce to ga ta nan. Sai ya ɗauko takarda ya zana da'ira, ya ɗiga alama a can sama ta gefe ya ce nan yagewar take. Ya ce retina kamar yaɓen bango take, tana manne a cikin ido ta baya, in ta tsage ruwan cikin ido ya samu hanya ya shiga bayanta sai ta fara ɓallewa daga bangon, kuma duk inda ya ɓalle ya daina gani. Baba ya ce to likita ai ni daga ƙasa nake ganin duhun, kai kuma ka ce a sama take. Kafin likitan ya amsa Baba da kansa ya ce au, ai hoto a kife yake sauka a bayan ido, na sha koya wa yara wannan. Likitan ya yi murmushi ya ce haka ne Baba, kun ma hutar da ni. Daga nan na ga hankalin Baba ya kwanta da shi.

Abu na biyu, bai yi mana alƙawarin ƙarya ba. Ya nuna mana hoton sikanin a kwamfuta ya ce ruwan ya riga ya kai tsakiyar retina, wurin da ake karatu da gane fuska da shi, macula suke ce masa, ya ce da kun zo kafin ya kai nan da na ce muku gani zai dawo kusan yadda yake, yanzu kam zan mayar da ita mazauninta in Allah ya yarda amma ganin ba zai koma daidai da na da ba, kuma a cikin mutum goma ana samun ɗaya ko biyu da sai an sake shiga karo na biyu. Na ji zafin maganar a lokacin amma yanzu ita nake gode masa a kai, don duk abin da ya faɗa haka ya kasance, babu abin da ya zo mana bazata ta wannan fannin.

Kuma ba tare da mun roƙa ba ya duba idon dama wanda Baba ke cewa lafiyarsa ƙalau, a nan ne ya gano suga ya fara taɓa jijiyoyin bayan idon, akwai ɗigon jini nan da can da kumburi a tsakiya. Zan dawo kan wannan.

To yanzu ɓangaren kuɗi, nan ne ƙorafina na farko kuma shi ne babba. Ba tsadar ce ta dame ni ba, kowa ya san kayan aikin nan daga waje ake shigo da su, da dala ake saya, kuma yawancinsu sau ɗaya ake amfani da su a yar, shi ya sa ma ba zan rubuta adadi ba don abin da muka biya ba lallai shi za ka tarar ba. Abin da ya dame ni shi ne ba a ba ka lissafi ɗaya a takarda ɗaya. Ka biya kati, ka biya ganin likita, a ce je ka biya sikanin, ka dawo a ce akwai wani sikanin na daban, sai a faɗa maka kuɗin tiyata ka je ka haɗo da ƙyar ka tattaro 'yan uwa kowa ya kawo abin da ya samu, ana gobe aiki a ce ai kuɗin iskar da za a sa a idon daban yake, gwajin jini daban, magungunan ɗigawa daban. Mutumin da ya taso daga ƙauye ya sayar da akuyarsa ya zo da kuɗi a ƙirge ya zai yi? Na ga wani dattijo a bakin wajen biyan kuɗi yana ta kiran waya muryarsa na rawa saboda irin wannan, abin ya tsaya min a rai. Ba wai suna ɓoyewa ba ne don in ka tambaya za a faɗa maka, matsalar ita ce ba ka san me za ka tambaya ba. Don haka duk wanda zai je ya ce a rubuta masa komai da komai, har da zuwan da za a yi bayan aiki, har da abin da zai biya in aka ce sai an sake. Inshorar lafiyar Baba ma ba su karɓa ba a kan wannan aikin, sannan na'urar cirar kuɗinsu sai ta ga dama, gara ka shirya taransifa ka kuma riƙe risit ɗinka da kyau.

Na biyu jira. Likitan retina ba kullum yake zama ba, yana da ranakunsa, kuma kowa ce masa ake ya zo da sassafe, sai ka tarar an cika falon maƙil, tsofaffi masu suga ba su karya ba suna zaune tun safe har azahar. In an ɗiga maka maganin buɗe ido dama sai ka jira ya kama, wannan dole ne ba laifinsu ba, amma raba wa mutane lokaci ai ba ya buƙatar dala. Ka tafi da abin karyawa da maganin suga na mara lafiyarka, ka tafi da baƙin tabarau don in an buɗe idon nan hasken rana azaba ne kuma gani yana dushewa na sa'o'i, kar wanda aka ɗiga wa ya ce zai tuƙa mota ko babur ya koma gida. Matakalar ƙofar shiga kuma babu abin riƙewa, a asibitin da rabin masu shigowa ba sa gani sosai, wannan ya kamata su gyara tun jiya.

Ranar aiki kam ban da abin cewa sai alheri. Sun ƙi shiga da shi sai da suka tabbatar suga da hawan jini sun sauka daidai, nas ɗin ta tambaye shi wane ido ne ta sa alama a goshi ta wannan gefen, wata ma ta sake tambaya a bakin ƙofa. Na tambayi maganar wuta don ita ce fargabata, a ɗauke wuta ana cikin idon mutum, suka nuna min cewa ɗakin tiyatar a kan inbata yake ga janareta kuma a kunne. Ba a sa shi barci ba, allurar kashe zafi aka yi masa a gefen idon, ya ce yana jin maganarsu da ƙarar injin zzz amma ba ya jin ciwo. Abin da aka yi masa shi ne suka huda ƙananan ƙofofi uku a farin ido, ɗaya ta ruwa ɗaya ta fitila ɗaya ta abin yanka da zuƙa, suka kwashe ruwan nan mai kauri da ke cike da ido wanda shi ne ya ja retinar har ta yage, suka zuƙe ruwan da ya shiga baya, suka ƙona kewayen yagewar da leza, wato wani siririn haske mai ƙarfi, don ta manne, sannan suka cika idon da iska ta musamman da za ta danne wurin har ya warke. Likitan ya ce ana iya sa man silikon maimakon iska, shi mai yana ba ka damar hawa jirgi amma sai an sake wata tiyatar an cire shi bayan watanni, ita iska kuma da kanta take bajewa, ya ce irin yagewar Baba iska ta wadatar.

Wahalar gaske bayan an dawo gida take. An ce kwanakin farko ya kifa fuskarsa ƙasa yawancin yini, daga baya ya riƙa kwanciya ta gefe ɗaya, ban da rigingine ko kaɗan, saboda iska sama take tasowa kuma ana so ta tokare daidai inda aka gyara. Asibitin ba su da irin matashin nan mai rami a tsakiya ko na haya, ba su ma nuna mana yadda za mu yi ba, mu muka naɗe tawul muka yi masa zobe a kan tebur ya ɗora goshi, wuya da baya suka yi ta ciwo. Sallah a zaune ya riƙa yi. Dattijon da ya saba da jarida da rediyo da zuwa majalisa ga shi a kife ba abin yi, sai ya ce min kai ɗauko wayar nan ka nemo min waye ya fara wannan aikin, ina so in san wanda zan yi wa godiya bayan Allah. Haka na riƙa zama a gefensa da daddare ina nemowa ina fassara masa, kuma gaskiya abin da muka karanta ya sa na daina ganin kuɗin da muka biya a matsayin asara.

Ashe kafin 1851 babu likitan da ke iya leƙa bayan idon mai rai ya gani da kyau, sai da wani Bajamushe Hermann von Helmholtz ya fito da madubin leƙa ido. Ko bayan an fara gani ɗin ma an shafe shekara kusan saba'in ɓallewar retina tana nufin makanta kawai, ana ta gwaje-gwaje, a kwantar da mutum makonni a ɗaure masa ido, a yi allurai iri-iri, duk a banza. Wani likita a birnin Lausanne na ƙasar Suwizalan, Jules Gonin, shi ya dage cewa yagewar nan ita ce sanadi, in ka nemo ta ka toshe ta retina za ta koma. Da ƙarfe mai zafi yake shiga ta bangon ido ya ƙona daidai wurin, kuma abokan aikinsa sun daɗe ba su yarda da shi ba sai a babban taron likitocin ido na Amsterdam a 1929 da ya kawo sakamakon marasa lafiyarsa. Ya rasu a 1935, asibitin ido na Lausanne sunansa yake ɗauke da shi har yau. Da na karanta wannan Baba daga kife ya ce to ai abin da yaron nan ya yi ta nema ke nan da fitila a goshi, shi ya sa ya ƙi tashi sai da ya gan ta. Ita fitilar goshin ma da tarihinta, Charles Schepens ne ya ƙera ta a shekarun 1940, ɗan Beljiyam ne da ya yi gwagwarmaya da 'yan Nazi a ɓoye lokacin yaƙin duniya na biyu kafin ya koma Boston a Amurka, kuma shi da wani Bajamushe Ernst Custodis su suka kafa hanyar ɗaura wa ido ɗamara ta waje don bangon ya matso ya haɗu da retina, wadda har yanzu ana yi musamman ga matasa.

Wanda ya fi burge Baba shi ne na leza. Wani likita a Hamburg, Gerd Meyer-Schwickerath, ya lura da mutanen da suka kalli husufin rana ido tsirara, rana ta ƙona musu bayan ido ta bar tabo, sai ya ce in haske zai iya yin tabo a inda ba a so ai za a iya sa shi ya yi a inda ake so. A 1949 ya hau rufin asibiti da madubai yana tattaro hasken rana yana ƙona wa marasa lafiya retina, in hadari ya taso aiki ya tsaya, daga baya kamfanin Zeiss ya ƙera masa fitila mai ƙarfi a 1956, leza kuma ta biyo baya a shekarun 1960. Baba ya ce da a Kano yake da bai rasa rana ba. Shi kuma ainihin aikin da aka yi wa Baba na shiga cikin ido a kwashe ruwan, Robert Machemer ne ya fara shi a Miami a 1970, kafin lokacin likitoci tsoron taɓa ruwan nan suke yi, shi kuma a kan ƙwai ya fara gwadawa, ya huda ɗan rami ya zuƙe farin ƙwan da wani ɗan inji, kuma mutumin farko da ya yi wa mai ciwon suga ne da jini ya cika masa ido. Shekara hamsin da 'yan kai ke nan kacal, Baba ya girmi aikin da aka yi masa.

Mu koma asibiti. Ƙorafina na uku kuma wanda ya fi ba ni tsoro, lambar wayar da suka ba mu ta gaggawa. Wani dare idon ya kama ciwo mai tsanani har cikin kai, ga tashin zuciya, na yi ta kira ba a ɗaga ba har gari ya waye. Da sassafe muka je, nan kam ba su sa mu layi ba, aka auna aka ga matsin cikin idon ya hau sosai, abin da likitan ya ce yakan faru bayan an sa iska, aka ba shi ƙwaya da ƙarin maganin ɗigawa ya sauka. Sun ba da haƙuri, na kuma yarda da haƙurin, amma wanda ya yi wa mutum tiyata a ido dole ya kasance akwai mai ɗaga waya da daddare. Sannan maganar jirgi, likitan ya faɗa da baki cewa muddin iskar nan na cikin ido ba hawa jirgin sama, domin in aka yi sama tana kumbura ta iya kashe idon gaba ɗaya, haka in wata tiyata ta taso dole a gaya wa mai sa barci don akwai iskar sa barci da ba ta haɗuwa da ita. Magana mai nauyi irin wannan ai a rubuce ya kamata a bayar ko a ɗaura wa mutum a hannu, mu sai da na nema aka rubuta min a bayan kati. Baba yana da niyyar Umara a lokacin, dole aka ɗaga, kuma na tabbata akwai wanda zai manta ko ya ce ai ba komai ya hau.

Yabo na musamman ga wata nas a ɗakin magani. Kwalabe huɗu aka ba mu, rubutun jikinsu ƙanana da Turanci, wani sau huɗu a rana wani sau biyu, ga mara lafiya ba ya gani. Ita ta ɗauko maka ta yi wa kowace kwalba zane manya a jiki, layi huɗu layi biyu, ta ce Baba ku bar minti biyar tsakanin wannan da wannan kar ɗaya ya wanke ɗaya, ta kama hannuna ta nuna min yadda zan ja fatar ƙasan ido in ɗiga ba tare da bakin kwalbar ya taɓa gashin ido ba. Ta kuma ja mana kunne kar mu sayi wani maganin ɗigawa a kemis da kanmu ko mu ci gaba da wanda aka ce a daina, don wasu suna hawar da matsin ido a ɓoye.

Yadda ganin ya dawo shi ma abin a sani ne don kar mutum ya firgita. Farko ba ya ganin komai da idon sai motsin hannu, sannan wani layi ya bayyana a sama yana rawa in ya motsa kai, kullum layin na sauka ganin na buɗewa daga sama, har ya zama wani baƙin ƙwallo a ƙasa, ya rabu ƙanana, wata safiya ya ce babu shi. Kusan wata biyu abin ya ɗauka, kamar yadda aka gaya mana. Yanzu da wannan idon yana gane fuska, yana zuwa masallaci shi kaɗai, yana karanta Alƙur'ani mai manyan baƙi, amma layi miƙaƙƙe yana ɗan lanƙwashe masa kuma ƙananan rubutu sai da taimakon ɗaya idon.

Shi idon daman allura ake masa a ciki, Avastin. Jin an ce allura a cikin ido ya sa Baba ya ce a'a da farko, amma abin bai kai yadda ake tsoro ba, a ɗiga na kashe zafi, a wanke da aidin, a sa ɗan ƙarfen da ke riƙe fatar ido, kafin ka ce me an gama, sai dai idon ya yini yana ƙaiƙayi kamar da yashi. Asalin maganin na kansar hanji ne, a 2004 aka amince da shi a Amurka, sai wani likita a Miami Philip Rosenfeld ya gwada ɗan kaɗan a cikin ido a 2005 aka ga yana tsayar da jijiyoyin da ke yoyo, kuma wani babban bincike da gwamnatin Amurka ta ɗauki nauyi ya nuna a 2011 cewa a cutar tsakiyar retina ta tsufa aikinsa kusan ɗaya da na Lucentis, wani maganin allurar ido mai tsadar gaske. Abin da ake sa wa ido 0.05 ne na mililita, shi ya sa kwalba ɗaya take isar mutane da yawa, shi ya sa kuma asibitin suke tara masu allura rana ɗaya. A nan ne tsafta take da muhimmanci, kuma na yaba musu don da na ce ina son ganin kwalbar ba su ji haushi ba, aka fito da ita daga firij aka nuna min kwanan wata. Ka tambaya kai ma, ko a Amurka an kama jabun Avastin a 2012. Abin da ba su fito da shi fili tun farko ba shi ne allurar ba sau ɗaya ba ce, wata-wata ake farawa kuma kowace da kuɗinta, ga sikanin kafin kowace. Likitan ya ce in jijiyoyin banza suka fara tsirowa zai ƙara da leza a kewayen retinar, wanda tun 1976 bincike ya tabbatar yana rage mummunar makantar masu suga da fiye da rabi, kuma kullum sai ya tambayi sakamakon suga kafin ya taɓa idon, ya ce allura ba ta aiki ita kaɗai.

A zaman jira na lura yawancin masu zuwa wajensa a makare suke zuwa, ido ɗaya ya riga ya tafi ana neman ceto ɗayan, wasu an fara bi ta wajen masu ture yana na gargajiya an lalata cikin idon. Binciken makanta na ƙasa da aka yi tsakanin 2005 da 2007 ya samu cewa a cikin 'yan Najeriya masu shekara 40 zuwa sama kashi 4.2 cikin ɗari makafi ne, kuma kashi 84 na wannan makantar abin da za a iya kaucewa ne ko a magance. Na ga matasa ma a layin, masu sikila, ashe ita ma tana taɓa bayan ido, musamman masu nau'in sikilar da ake kira SC waɗanda jikinsu bai cika ciwo ba balle su yi zargin wani abu. Da asibitin zai ware rana ɗaya a wata mai rahusa don duba bayan idon masu suga da masu sikila kawai, a ɗiga magani a leƙa, da sun taimaki jama'a sun kuma samu kwastomomi, na faɗa wa mai kula da wajen haka ya ce za su duba.

Abu na ƙarshe, ka nemi kwafin hotunan sikanin da takardar bayanin tiyatar, wadda ta faɗi irin iskar ko man da aka sa da ranar da aka sa. Ba sa bayarwa sai ka nema, mu sai da na nace sannan aka buga mana, hotunan kuma aka ce in ɗauka da waya daga fuskar kwamfuta. In tafiya ta kama ku ko kuka canja likita, waɗannan takardun su za a fara tambayarku.